Yaron da ba ya karanta komai sai labarin zane na Japan: karatu ne ko shiririta?

Maman Ilham:
Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Shawara nake nema, musamman wurin malamanmu. Ɗan yayata ne ke zaune a hannuna, shekararsa 14. Littafin makaranta sai an yi da gaske yake buɗewa, amma da ya samu wayata zai iya share awa biyu yana karanta wani labarin zane na mutanen Japan wai shi Naruto. Ba bidiyo yake kallo ba, karantawa yake shafi bayan shafi, wani lokaci har ya ƙyalƙyale da dariya shi kaɗai. Maigida ya ce shiririta ce, in hana shi. Ni kuma na lura Turancinsa ya ɗan buɗe tun da ya fara. Wannan abin karatu ne, ko in ƙwace wayata in huta?

Malamin Adabi:
Wa alaikumus salam Hajiya. Ni dai ina bayan maigidanki. Na daɗe ina koyarwa a sakandare, irin waɗannan yaran na san su: ka miƙa musu shafi guda cike da rubutu sai su fara hamma. Amfanin karatu shi ne yaro ya gina hoton da kansa. Idan Abubakar Imam ya ce maka ga fadar sarki, ga aku yana ba da labari, kai ne za ka ƙera fadar a zuciyarka. Shi kuwa wannan an riga an zana masa komai, jimla ba ta wuce kalma biyar, rabinta ihu ne da ƙarar naushi. Ranar jarrabawa ba zane za a ba shi ba.

Ɗan Fagge:
Malam, Allah ya ƙara girma, amma Naruto babi 700 ne, littafi 72. Masashi Kishimoto ya fara shi a 1999, bai gama ba sai 2014. Yaron da ya bi labari mai wannan tsawo, ya riƙe sunayen tarin mutane da dangantakarsu da tsohuwar gabar da ke tsakanin gidajensu, ba za a ce masa ba ya iya riƙe karatu ba. Kuma shi kansa Magana Jari Ce ai da zane a cikinsa muka karanta.

Malamin Adabi:
Ɗana, zane ɗaya bayan shafi goma daban, shafi goma na zane da jimla ɗaya daban.

Mai Zane:
Malam, bari in sa baki, don sana'ata ce aka taɓa. Cewa an zana wa yaro komai, a nan ne ban yarda ba. Mai zanen komik abin da yake bari ya fi abin da yake zanawa yawa. Misali, na zana akwati na farko: wata mata a tsakar gida ta ɗaga taɓarya, ga akuya ta tura kai cikin kwaryar tsaki. Akwati na biyu: akuya a ƙofar zaure tana gudu da ƙafa uku, yara na dariya. Ban zana jifan ba. Ban nuna inda taɓaryar ta same ta ba. Amma duk wanda ya duba zai rantse ya ga an jefe ta, har ya ji kukanta. Wa ya yi wannan aikin? Mai karatu, a cikin ɗan siririn farin layin da ke tsakanin akwatunan biyu. Kuma a kowane shafi sai ya yi haka sau biyar ko shida.

Akwai wasu dabarun ma. Faɗin akwati lokaci ne: idan ina son ka ji an daɗe ana jira, sai in shimfiɗa shi daga wannan gefen takarda zuwa wancan. Idan ina son in firgita ka, ba zan sa abin a tsakiyar shafi ba, don idonka zai riga ka ganinsa. Sai in ajiye shi a farkon shafin da sai ka juya takarda za ka gani. Wannan duk karatu ne, sai dai ba irin wanda Malam ke koyarwa ba. Kuma na yarda da Malam a abu ɗaya: wannan ba ya maye gurbin wancan.

Maman Ilham:
Ni abin da ya ɗaure min kai ma, daga dama yake farawa ya yi hagu.

Mai Zane:
Haka manga take, wato komik ɗin Japan, Hajiya. Yaran Turawa ne ke ruɗewa har sai an buga musu gargaɗi a ƙarshen littafin cewa sun fara ta baya. Yaron da ya fara da allo ba ya buƙatar wannan bayanin.

Kawu Na Tudun Wada:
Kun tuna min da ƙuruciya. Wajen ƙarshen shekarun 1960 akwai mujallar African Film, mai Lance Spearman, mu dai Spear muke ce masa. Ba zane ba ne, hotunan mutane ne na gaske aka jera da magana a samansu. Ga hular malafa ta Turawa, ga kwat, ga sigari a baki, kullum yana bin sawun wani mugu Rabon Zollo. Kwafi ɗaya sai ya zaga unguwa har bangon ya fita. Malamanmu sun sha ƙwacewa, mu kuma mun sha ganinsu suna karantawa a ofis. Da yawanmu a nan muka fara karanta Turanci ba don an tilasta mana ba. Malam, kada ka ji haushi, amma abin da kake faɗa yau shi aka faɗa mana.

Malamin Adabi:
Ba na jin haushi, ranka ya daɗe. Amma ku da kuka gama Spear kun wuce zuwa manyan littattafai. Na yanzu ba sa wucewa.

Ɗan Fagge:
Wannan tsoron ya taɓa girgiza Amurka gaba ɗaya. A 1948 akwai garuruwan da aka tara yara aka sa su cinna wa komik wuta a filin makaranta. A 1954 wani likitan ƙwaƙwalwa, Fredric Wertham, ya fitar da littafi yana cewa komik ne ke mayar da yara masu aikata laifi. Har majalisar dattawa ta zauna a kan maganar. Kamfanonin suka tsorata, suka kafa wa kansu hukumar tacewa a shekarar, mai buga hatimi a bangon duk wanda ya tsallake. Dokokinta abin dariya: dole a ƙarshe na kirki ya yi nasara, ba a nuna ɗan sanda ko alƙali a wulaƙance, ba labarin masu shan jini ko gawa mai tafiya. Kamfanin EC, wanda ya fi kowa iya labarin ban tsoro, ya rufe kusan komai nasa sai mujallar Mad. Wannan ne ya sa komik na Amurka ya daɗe a matsayin kayan yara, ba don ba zai iya ɗaukar babbar magana ba. Kamfanin Marvel bai yar da hatimin ba sai 2001, kamfanin DC kuma 2011. Abin takaicin, a 2012 wata mai bincike, Carol Tilley, ta bi takardun likitan ta gano ya murɗe maganganun yaran da ya ce ya yi hira da su.

Anti Marubuciya:
Ai ba sai mun je Amurka ba, ƙanena. A 2007 an yi taron ƙona littattafan Hausa a Kano, wai su ke lalata 'yan mata. Mu da muke rubutu a lokacin mun ji a jikinmu. Yau ga shi matan da suka koyi karatun Hausa ta waɗannan littattafan su ne ke koya wa 'ya'yansu aikin gida.

Ɗalibin Ilmi:
Kowa ya kama maganar ko karatu ne, ba wanda ya tambayi me ke cikinsa. Ni na leƙa wasu, akwai tsiraici, akwai tsafi, akwai gumaka da ake kira alloli. Sannan ga maganar zana abu mai rai, wadda ba ƙarama ba ce. Ko wanda wani ɗan Kuwait, Naif Al-Mutawa, ya yi da niyyar kirki, The 99, da ya ba jarumansa siffofi daga sunayen Allah kyawawa, ai malaman Saudiyya sun yi fatawa a kansa a 2014.

Shugabar Zaure:
Malam, maganar abin da ke ciki tana kan hanya, a ci gaba da ita. Ta hukuncin zane kuwa malamai sun yi bayani mai tsawo kuma akwai saɓani a rassanta, kowa ya tambayi malaminsa. Ba na son a maimaita abin da ya faru a nan lokacin muhawarar hoton waya.

Mai Zane:
Ni a wannan gaɓar ina tare da Ɗalibin Ilmi, kuma a nan ne iyaye ke faɗawa rami. Ganin zane sai a ɗauka na yara ne. A Japan ana buga manga ga yara maza, ga 'yan mata, ga magidanta, kowa da mujallarsa. Berserk na Kentaro Miura, ko ni da gemuna akwai shafin da nake kawar da kai. Kuma kada a dogara da rabon da su suka yi: Attack on Titan a mujallar samari aka buga shi, alhali ƙattai ne ke cin mutane ɗanye tun babin farko-farko. Naruto da sauƙi, ko da yake shi ma akwai wasu barkwanci na rashin kunya da ba za ki so ba, Hajiya. Abin da ya fi damuna ma shafukan satar da yara ke shiga su karanta kyauta, tallan da ke faɗowa a cikinsu ya fi labarin muni nesa ba kusa ba. Kamfanin Shueisha, masu Naruto da One Piece, suna da manhajarsu, Manga Plus, tun 2019, ana karanta babobin farko da na baya-bayan nan kyauta. Gara wannan.

Maman Ilham:
To fa. Wannan tallan na gan shi sau ɗaya, na zaci wayar ce ta kamu da cuta.

Ɗan Fagge:
Malamin Adabi, alfarma ɗaya nake nema. Ka nemi Maus na Art Spiegelman ka karanta. Labarin mahaifinsa ne, Bayahuden Poland da ya tsira daga sansanin Auschwitz. Ya zana Yahudawa a matsayin ɓeraye, Jamusawa kyanwoyi. Akwai wani shafi tun a farko: tsohon yana kan keken motsa jiki a gidansa a New York, ɗan yana roƙonsa ya ba shi labarin da. Ba wanda ya ambaci sansani. Amma an zana hannun tsohon a kan kan keken, ga lambar da aka yi masa zane da ita a damtse, ɗan kuma yana zaune can ƙasa, hannayen uban sun yi masa katanga. Kafin a faɗi kalma ɗaya ka riga ka san a ƙarƙashin me yaron nan ya tashi. An ba littafin lambar Pulitzer a 1992. In ka gama ka ce min shiririta ce, na bar musu.

Malamin Adabi:
Zan nema. Amma ka lura, ka tsallake dubban littattafan naushi ka ɗauko min guda ɗaya.

Ɗan Fagge:
Haka kai ma ka tsallake dubbai ka ɗauko Abubakar Imam, Malam.

Kawu Na Tudun Wada:
Yaro, a hankali dai. Amma ya faɗi gaskiya.

Ɗan Damagaram:
Salamu alaikum 'yan'uwa na Najeriya. Mu nan wannan gardamar ba ta yi zafi haka ba, don tun muna lakwal ana ba mu su a ɗakin karatu: Tintin, Astérix, da mujallar Kouakou da aka yi don yaran Afirka. Faransawa suna lissafa shi cikin manyan fasahohi, har bikinsa suke a garin Angoulême tun 1974. Amma ina so in ƙara wa Ɗalibin Ilmi ƙarfi ta wata fuska. Guba ba a tsiraici kaɗai take ba. Tintin na Kwango, wanda Hergé ɗan Beljiyam ya fara a 1930, ba tsiraici ba zagi, amma dubi yadda aka zana baƙar fata: leɓe kamar faifai, ga lalaci, ga wauta, suna durƙusa wa yaro Bature da karensa. A bugun farko Tintin ya shiga aji yana koya wa yaran Kwango cewa ƙasarsu ita ce Beljiyam. Da aka sake zana shi a 1946 sai aka mayar da darasin lissafi, amma fuskokin suna nan. Mun karanta muna dariya, ba mu san da mu ake ba.

Wanda ya wanke min zuciya shi ne Aya de Yopougon, na Marguerite Abouet, 'yar Abijan, wanda ya fito a 2005. Ba yaƙi, ba yunwa, ba jarumi mai tashi sama. 'Yan mata uku ne a unguwa a ƙarshen shekarun 1970, ɗaya na son zama likita, biyu na bin samari, ga cikin shege, ga iyaye maza masu baki biyu. Anti Marubuciya, in kin karanta za ki ce a layinku aka yi. Sai dai shi ma ba na yaro ɗan 14 ba ne.

Auta:
Ni dai a bar ni da Kamala Khan, Ms. Marvel ta 2014. 'Yar asalin Pakistan ce Musulma a Jersey City ta Amurka, G. Willow Wilson ta rubuta, ita ma Musulma ce. Ba faɗan ne ya kama ni ba. Yadda take dira ta taga ta je ceton mutane, ta dawo ta tarar da uwarta a tsaye tana jiran bayani, har a haɗa ta da limamin masallacinsu ya yi mata nasiha, wannan ne. Kayan jarumtar ma daga rigar ninƙaya mai rufe jiki ta haɗa su.

Ɗan Fagge:
Auta, matsalar Marvel da DC ba sa gama labari. An kashe Superman a 1992, duniya ta ɗauka, 1993 ya dawo. An kashe Captain America a 2007, 2009 ya dawo. Ita Kamalar taki ma ai an kashe ta a 2023, ko wata uku ba ta yi ba ta tashi. Mutuwar da ba ta da nauyi me za ta koya wa mutum? Manga mutum ɗaya ne da labarinsa, ya fara ya gama.

Auta:
Yaya, One Piece tun 1997 ake yi, ya wuce babi 1,100, har yau ba a ga dukiyar da ake nema ba. Kai ne za ka yi wa wani gorin gama labari? Hhhh.

Ɗan Fagge:
Wannan daban ne, Oda, mai zana shi, ya san inda za shi.

Auta:
Allah ya nuna mana da ranmu.

Anti Marubuciya:
Ku bar wannan. Ni abin da ke ci min tuwo a ƙwarya, duk sunayen da kuka jero babu namu ko ɗaya. Ga Gandoki na Bello Kagara tun 1934, mutumin da ya yaƙi Turawa ya shiga duniyar aljanu. Ga Iliya Ɗan Maiƙarfi. Ga Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo, yaro da baƙo daga sararin sama. Ga Gizo da Ƙoƙi, ga macijin rijiyar Kusugu. Wanne ne a ciki bai kai a zana shi ba? Sai da Roye Okupe, ɗan Legas mazaunin Amurka, ya ɗauki Sarauniya Amina ya gina Malika a kanta, a wata daula da ya kira Azzaz. Ban ga laifinsa ba, ya ga abu a yashe ya ɗauka. Legas suna da Comic Republic tun 2013, suna da bikin komik tun 2012. Mu muna nan muna tambayar ko karatu ne.

Mai Zane:
Anti, ba rashin labari ba ne, ba kuma rashin masu hannu ba. Lissafi ne. Ke za ki iya buga babi guda a wayarki da dare, da safe ki saka a WhatsApp, masu biya su biya. Ni shafi ɗaya mai kyau, daga tsara akwatuna zuwa fensir zuwa tawada zuwa saka magana, yini guda ne cur, in da launi ya fi haka. Littafi mai shafi 24 wata guda ke nan ban yi aikin kowa ba, ban zana allon shago ba, ban yi katin biki ba. Mai karatu kuwa cikin minti goma sha biyar ya gama, ya tura wa zaure biyar kyauta.

Su Japan da kuke gani, mai manga na mako-mako yana fitar da shafi kusan 20 duk sati, amma da mataimaka, wani na zana gine-gine, wani na cike baƙi. Ga mujalla tana biyansa kuɗin kowane shafi. Mujallar Shonen Jump a tsakiyar shekarun 1990 tana buga fiye da kwafi miliyan 6 a mako. Kuma ba tausayi a ciki: masu karatu na aika ƙuri'a, labarin da ya daɗe a ƙasa sai a yanke shi. Ni wa zai biya ni kuɗin shafi?

Anti Marubuciya:
To mu gwada kaɗan mana. Ina da gajeren labari na wata yarinya mai tallan fura da ta gano kakarta na magana da iskokin kasuwa. Ka zana shafi 8, baƙi da fari, in saka wa masu karatuna da kuɗi. Ina da mata masu biya ba sa jiran na sata.

Mai Zane:
Ina so. Amma kafin in ɗora fensir, yarinyar ta wa ce?

Anti Marubuciya:
Kamar yaya ta wa? Ni na ƙirƙire ta.

Mai Zane:
Ke kika ƙirƙiri sunanta da halinta. Fuskarta, ɗaurin ɗankwalinta, yadda take riƙe ƙwarya, abin da mutane za su gane ta da shi a kan riga ko a fim, daga hannuna zai fito. Wannan rigimar ta cinye manya, Anti. Jerry Siegel da Joe Shuster dala 130 suka sayar da Superman a 1938. Shuster ya tsufa ido ya kusa tafiya yana aikin kai saƙo, sai a 1975 kamfanin ya ji kunya ya yanka musu dala 20,000 kowannensu a shekara, ya mayar da sunansu. Kwafi ɗaya na wannan fitowar ta farko an sayar da shi dala miliyan 6 a 2024. Bill Finger, wanda ya yi rabin aikin Batman, ya mutu a 1974 ba sunansa a jiki, sai 2015 aka fara rubutawa. Jack Kirby da ya zana Black Panther a 1966, sai da magadansa suka yi shari'a da Marvel har 2014. Ni ba na son mu yi zumunci yau mu yi kotu gobe.

Kawu Na Tudun Wada:
Ku rubuta a takarda, ku sa shaidu biyu. Ni zan zama ɗaya in kuna so.

Anti Marubuciya:
Na yarda a rubuta. Kuɗin shafi 8 ɗin mu raba biyu daidai. Amma in na mayar da labarin littafi na rubutu zalla, wannan nawa ne ni kaɗai.

Mai Zane:
Na rubutu zalla naki ne, muddin ba a sa zanena a bango ba. In an sa, a biya ni na bango daban. Turo min labarin ta akwatin sirri, kuma ki faɗa min wace kasuwa ce a ranki, don rumfunan Kurmi da na Rimi ba iri ɗaya ake zana su ba.

Anti Marubuciya:
Kurmi. Zan turo bayan isha'i.